Gorar Kuka

A Gadarif ta ƙasar Sudan, idan lori ya kwashe mazan unguwarmu zuwa yankan riɗi, gida sai mu yara da Habboba, kakata ta wajen uba. Da magariba takan zauna bakin murhu tana gasa bunna, 'ya'yan gahawa, ta ce, "Ku matso, tatsuniya ta iso, kada ta huce."

Akwai wadda ta fi yi mana, kuma ita ce ta fi ruɗa ni. Wai a wani gari an hana namiji kuka. Yaro na tasawa sai ubansa ya ba shi gora, ya riƙa zuba hawayensa ciki yana toshewa. Wani yaro gorarsa ta cika, ta fashe a tsakiyar kasuwa. Daga nan labarin ke rikicewa. Yau Habboba ta ce ruwan ya cinye garin, gobe ta ce dawa ya shayar har aka ƙoshi. In na ce, "To wanne ne?" sai ta ce, "Halas, ya walad, ya isa haka yaro, tashi ka kwanta." Haushi kamar in mutu.

Shekarar da muryata ta buɗe, Baba ya tafi da ni kambo a Fashaga, inda leburori ke kwana. A kambonmu sabon yaro sai ya tuɓe riga ya sha bulala a gaban maza. In ya yi kuka, sunansa ya ɓaci har ƙarshen kaka. Kuma ubansa ne ke dukan, don kada a ce an yi masa sassauci. Baba, wanda bai taɓa ko zungurina ba, ya zage ƙarfinsa a bayana. Na cije leɓe, ban yi kuka ba. Aka yi ta yaba mini, ni kuwa na tsane shi a ranar.

Can na same shi bayan tarakta, ya duƙa kan jarka yana ta wanke fuska. Da ya gan ni ya daka mini tsawa.

Da muka dawo, Habboba tana shafa mini man riɗi a tabon, ta ce, "Ubanka ya yi kuka?"

Na ce, "Ban sani ba. Fuska yake wankewa."

Ta ce, "Haka shi ma ya ce mini game da nasa uban."

Yau na girmi Baba na wancan lokacin, har yanzu ban san ƙarshen tatsuniyar ba. Ina jin ita ma ba ta sani ba. Jira take ɗayanmu ya fasa tasa gorar, ta gani.