Wata Ta Fito

Shekara ta huɗu ina koyar da Hausa a makarantar surukina a Daura, sai sheɗan ya raya mini cewa ni marubuci ne. Na sayi littafin rubutu mai ganye tamanin, na ƙirƙiro wata duniya da ba ta taɓa wanzuwa ba, inda watan sama ba namiji ba ne, mace ce, kuma ita mutanen ƙasar suke bauta wa. Duk ranar da ta tsaya, mata sukan ɗora ƙwaryar nono a kan soro don ta leƙa ta ga fuskarta. Idan ta cika, ba a yin ƙarya a ƙasar har kwana uku, saboda haka 'yan kasuwa ke rufe rumfuna su tafi ƙauye. Idan ta ɓace sai a ce ta tafi ganin gida, a hana yara ihu kada ta yi fushi ta ƙi dawowa.

Ni dai salla biyar ba ta wuce ni, kuma ban taɓa ɗora wa kowa nono a soro ba, wanda za mu sha ma da ƙyar. Labari ne kawai. A garin da muke kai baƙi bakin Kusugu mu ba su labarin macijiya mai hana ɗibar ruwa, na ɗauka kowa ya san labari in ya gan shi. Matata ce kaɗai mai sauraro. Ina karanta mata tana tsince shinkafa, tana gyara mini. Maganar ƙwaryar nonon ma ita ta kawo.

Wayona ya kai ni na haɗa littafin labarin da littafin shirya darasi, na miƙa ofis don a sa hannu. Ranar Asabar bayan la'asar surukina ya aiko kirana, ya ce in zo da iyalina. Ita ta shige cikin gida, ni na durƙusa a zaure. Dattijo ne malami, makarantar tasa ce, 'yar tasa ce, ni ma in an bi diddigi nasa ne, tunda abincina a hannunsa yake. Littafina na kan buzunsa.

Ya gyara tabarau ya karanta da irin karatun bokonsa, kalma ɗaya-ɗaya kamar mai ƙirga ƙwai: "Wata ta fito. Na durƙusa na ce, ni bawanki ne, ki dube ni ko sau ɗaya."

A rayuwata ban taɓa jin rubutuna ya yi muni haka ba.

"Malam ƙarami," in ji shi, "masu kawo mini magana sun ce wai watan sama kake nufi, wai bautarsa kake tsarawa, kana kuma koyar da 'ya'yan Musulmi. Na ce musu ƙarya suke. Surukina malamin Hausa ne. Ko jariri ya san 'wata ya fito' ake cewa. Tunda ya rubuta 'ta fito', to wata mace ce ya gani a wani gida."

"Allah gafarta Malam, ai..."

Ya ɗaga hannu. "Tsaya. In mace ce, kai namiji ne, ba kanka farau ba. Faɗa zan yi maka, ka tashi ka tafi. In kuwa ɗaya maganar ce, kada ka sake taka makarantata, 'yata kuma ta iso gida ke nan. To wanne ne?"

Ka ji adalci. Wato in ci amanar 'yarsa abu ne na a yi faɗa a sha ruwa, in ƙaga labari kuwa a raba ni da aiki da aure. Na lura ba ya kallona, carbinsa yake kallo. Ya san gaskiya sarai, ya karanta littafin har ƙarshe, ƙofa ce ya buɗe mini in fice ta ciki. Da ni jarumi ne da na zauna na yi masa bayanin bambancin ƙaga labari da yin imani da shi, ko da za mu kai magariba. Amma tsoro ya kama ni, tsoro na gaske. Na hango kaina ina shiga masallacin unguwa ana matsawa gefe.

Na ce, "Mace ce, Baba."

"Alhamdu lillahi!" Har da ajiyar zuciya, kamar an ce masa an sauka lafiya. Ya yi mini nasiha a kan runtse ido, ya miƙo mini littafin ya ce in yaga. Ya ce shi da kansa zai sanar da masu maganar cewa surukinsa ba mushiriki ba ne, mai leƙe-leƙe ne kawai. Na yi godiya. Wallahi har godiya na yi.

Ashe matata tana tsaye bayan ƙofar zaure da kofin ruwa, ta ji komai. A kan babur ba ta riƙe ni ba, ƙarfen baya ta kama har muka isa gida. Na fara kame-kame tun kafin in kafe babur ɗin, ina cewa ai ta san babu kowa.

"Na sani mana, Malam," ta ce, tana ninke mayafinta a hankali. "Da ka faɗi gaskiya, da na fito na ce tare muka rubuta, ya kore mu mu biyu. Yanzu kai ka wanku. Ni ce zan riƙa shiga gidan biki da gidan suna ana nuna ni, ga wadda mijinta ya cika littafi guda da begen wata."

Ta karɓi littafin daga hannuna, ta ce ba za a yaga ba, rabinsa nata ne. Ta jefa shi a akwatinta ta kulle, ta ɗaure makullin a bakin zane, ta tafi hura wuta.