Abdulbaƙi Mai Katafila da Fadamar Gidan Sada

A Gidan Sada, wani ƙauye da ke gabas da Sandamu, kowa ya san fadamar garin tana da rai. Da sassafe, in mutum ya tsaya babu takalmi, zai ji tana numfashi a hankali kamar saniya a kwance. Maginan tukwane na ɗibar yumɓu a cikinta, manoma na shuka albasa, ba ta taɓa hana kowa ba. Liman ya sha faɗa cewa halitta ce cikin halittun Allah, a zauna da ita lafiya kamar maƙwabci.

A nan aka haifi Abdulbaƙi, gajere mai faɗin ƙirji da yawan dariya. Tun yana ƙarami ba abin da yake so kamar ƙarar inji. Ya yi aikin injin niƙa a Daura, ya ja tifa, daga baya ya tafi Kano ya koyi tuƙin katafila. Ya dawo gida ya auri Hasana, mai sayar da fura, wadda takan ce ta auri mutum da rabin mota.

Wata shekara da rani wani kamfani ya zo da labarin akwai farin ma'adini a ƙarƙashin fadamar. Suka nemi direba ɗan gari, Abdulbaƙi ya karɓi aikin da murna, don bai taɓa hawa sabuwar katafila ba. Hasana ta ce masa fadamar ba za ta yarda ba. Ya ce ai ƙasa ba ta taɓa ganin ƙarfe irin wannan ba.

Ranar farko ya haƙa rami mai zurfin ɗaki, ya tafi sallar azahar. Da ya dawo ya tarar wurin ya shafe sumul, har da ɗanyar ciyawa a kai. Ya sake haƙawa, ramin na rufewa a bayansa kamar ana tuƙa tuwo. Abin da aka samu aka loda a tifa kuwa, kafin ta kai bakin kwalta ya zurare ta ƙasa, ya kama hanyar komawa fadama a jere kamar tururuwa.

Kafin mako ya zagayo wurin ya zama kasuwa. Mutane na zuwa a babura daga Daura da Babban Mutum don kallo, masu rake da ƙosai suka kafa rumfuna, furar Hasana ba ta kaiwa la'asar. Abdulbaƙi na haƙa yana dariya har hawaye, injiniyan kamfanin na safa da marwa da waya a kunne.

Da 'yan kamfanin suka matsa, wata safiya fadamar ta haɗiye ƙafafun katafilar, a hankali, har sai da ƙofar direba ta daidaita da ƙasa. Abdulbaƙi ya buɗe ya tako waje kamar mai fitowa daga zaure. Aka kawo motocin ja, igiyoyin ƙarfe suka tsintsinke. Daga ƙarshe kamfanin ya gaji, ya bar wa garin katafilar a inda take, ya kwashe sauran kayansa.

Damina ta sauka, kabewa ta haye kan injin, kaji suka mai da kujerar direba akurki. Abdulbaƙi ya koma noma, amma ya rame. Kullum sai ya bi ta wurin ya share gilashin da gefen rigarsa.

Da rani ya zagayo, rijiyoyi suka ja baya, makiyaya na kora shanu tafiya mai nisa neman ruwa. Hasana ce ta kawo shawarar a haƙa tafki a gefen fadamar, ƙasar da aka tono kuma a jibge ta a bakinsa, kada a kai ta ko'ina. Abdulbaƙi ya je ya durƙusa kusa da katafilar, yana jin kunyar mutanen da ke kallo.

"Baiwar Allah, ruwa muke nema," ya ce wa fadamar. "Ko cokali ɗaya ba zan fitar miki daga gari ba."

Aka zuba mai, aka sa sabon batir, ya murza makulli. Ƙasar ta saki ƙafafun kamar an zare hannu daga ƙullu. A kwana kaɗan tafkin ya haƙu, bai kuma rufe ba, ruwa ya tsattsafo daga ƙasansa tun kafin hadari ya haɗu. Ranar da garken farko ya sha, Hasana ta raba fura kyauta, mata suka yi ta guɗa.

Yanzu Abdulbaƙi ya fara furfura, ya yi tumbi, ƙauyuka na gayyatarsa haƙar tafki har bakin iyakar Nijar. Bara ya tsinci wani dutse mai ƙyalli a fadamar, ya ce zai kai wa Hasana ta gani kawai. Yana isa ƙofar gida dutsen ya huda aljihunsa, ya gangara ya nufi fadama. Hasana ta leƙo ta ga bayan dutsen yana tafiya, ta ce ta gani, ya yi kyau, sannan ta ce wa Abdulbaƙi ya tuɓe rigar ta ɗinke masa.