Guntun da Mirjam Ta Bari a Ƙasa

Gottlieb Zaugg ya yi shekara talatin da huɗu yana aikin lauya a garinsu, ya kuma yi goma sha biyu a majalisar jiha. Amma mutanen gari sun fi saninsa da laimar kwaɗi. Tun yana ɗalibi yake bin daji yana zana su a littafi. Har kujerarsa ta majalisa saboda su ya rasa, don ranar babbar muhawara yana can ƙarƙashin itatuwa, ruwa ya sauka kwana biyu kafin nan, sun fito. Da ya yi ritaya sai gari ya ba shi aikin duba kwandon duk wanda ya tsinko laimar kwaɗi, kafin a dafa, don gudun mai dafi.

Mirjam, wata 'yar garin wadda ta gama karatun lauya a watan jiya, ba ta kai nata ba. Ranar Lahadi ta yanko wasu farare a daji da wuƙa, ta soya wa mahaifiyarta da man shanu. Sai da tsohuwar ta share faranti sannan Mirjam ta tuna akwai wata fara mai kisa, wadda ba ta nuna alama sai hanta ta lalace.

Da gudu ta isa gidan Zaugg, guda ɗaya da ta rage a hannunta.

Ya karɓa ya jujjuya ta, ya tsuke baki. "Ina gindin?"

"Na yanke, Baba. Don kar ƙasa ta ɓata kwandon."

"Shekara biyar a jami'a, kin kawo mini shaida babu ƙafa! Mai dafin a gindi take da jaka, ɗiyata. Tumɓukewa ake yi."

Ya sa matarsa ta wuce da mahaifiyar Mirjam asibiti nan take, shi kuma ya ɗauki sandarsa. "Za ki gane wurin da kika yanko su?"

Da ƙyar ta gane. Sau biyu tana ɓata hanya, tsohon na binta yana haki. A gefen wata makiyaya suka tarar da guntayen, guda tara.

"Nawa kika yanka?"

"Tara."

"Kin tabbata, ko irin tabbacin 'yan majalisa?"

"Tara ne, Baba, na ƙirga."

Ya durƙusa, ya tono su ɗaya bayan ɗaya da cokali, yana kakkaɓewa yana shinshinawa. Mirjam ta kasa kallo. A kan na taran ya daɗe.

"Babu jaka ko ɗaya," ya ce. "Masu kyau ne. In ma wani abu ya dami uwarki, yawan man shanu ne."

Mirjam ta zauna daɓas a ciyawa, sai kuka. Bai lallashe ta ba, ya kira asibiti ya faɗa wa likita sunan abin, ya maimaita a hankali har sau biyu.

Da ya gama ya miƙa mata hannu. "To ɗaga ni, Lauya. Durƙusawar ce kawai na iya."