Abin da Baba Wasiyya Ya Ji

Aikin Baba Wasiyya a asibiti shi ne tura gadon marasa lafiya daga ƙofa zuwa ɗakin tiyata. Sunan kuwa halinsa ne ya jawo masa. Duk wanda ya cika a hannunsa, sai Baba ya fito wa dangi da maganarsa ta ƙarshe, ko da a sume aka kawo shi. "Ya ce a riƙe masa yara." "Ta ce ta yafe wa kowa." Dangi su yi ta kuka suna sa masa albarka, shi kuma yana jin kansa wani babba. Kunnensa na hagu ya daɗe da mutuwa, amma hakan bai taɓa hana shi ji ba.

Wata rana da hantsi aka kawo wani direba da aka daɓa wa wuƙa a tasha. Baba na turawa, tayar gado na ƙara, direban ya motsa leɓe, ya cika. Da ɗan sanda ya tambaya ko mamacin ya yi magana, Baba ya gyara tsayuwa.

"Ƙwarai kuwa, yallaɓai. Cewa ya yi, kawu, kawu."

Ashe direban yana da kawu mai shagon taya, kuma sun yi cacar baki a makon. Aka kama kawun. Ranar shari'a Baba ya sha sabuwar riga, maganar ma ta yi ƙiba, ta zama "kawu ne ya kashe ni." Aka yanke wa mutumin hukuncin kisa.

Sai da aka kwashe shekaru kafin a saurari ɗaukaka ƙara, kotu ta yarda a sake kiran Baba. Lauyar kawun ta gaishe shi da ladabi, ta zagaya ta hagunsa, ta ce a hankali, "Baba, kawo ruwa."

"Kawun wa kuma, 'yata?"

Har alƙalai sai da suka sunkuyar da kai. Bayansa wata ma'aikaciyar jinya ta shaida cewa tun daga ƙofa direban yake roƙon a kawo masa ruwa.

Aka saki kawu, ya fito da furfura, ya tarar shagon ya zama na wani, matarsa kuma ta rasu. Wanda ya yi kisan har yau ba a san shi ba. Shi kuwa Baba aka mayar da shi ɗakin wanki, ya ce hassada ce.

Duk da haka ya shirya ya tafi yi wa kawu barka. "Ai ni tun farko raina bai kwanta ba," in ji shi. Kawu ya dube shi, ya rufe ƙofa.

Baba ya dawo gida yana huci. "Mutane ba su da godiya," ya ce wa matarsa. "Sau biyu ina barin aikina saboda mutumin nan, ko kujera bai ba ni ba."