Anti Shiru da Guntayen Saƙo

Kafin masu shara su gama da baranda, Anti Shiru ta riga ta iso. Takan rataye jakarta a bayan ƙofa, ta cire zobe da agogo, ta wanke hannu har gwiwa, sannan ta leƙa babban firiza ta ga ko wuta ta yi masa tsiya. In ta tarar da sanyinsa daidai sai ta ce, "Madalla," ita da firizan kawai. Daga nan ta goge tebur da sifirit, ta fasa ƙanƙara a ɗan bokiti, ta jera kwalaben da ba su kai ɗan yatsa ba. Haka take buɗe ɗakin gwajin ƙwayoyin cuta na asibitin koyarwa tun tana da baƙin gashi, har watan jiya da ta ajiye aiki.

Ba don rashin magana ta samu sunan ba. A wajen shan shayi, in ta fara ba da labari sai shayin kowa ya huce. Ɗalibai ne suka laƙaba mata, saboda dokarta ɗaya: in kwalba na buɗe, baki na rufe. Abin da take aiki da shi, wato RNA, zaren saƙon da ke cikin wasu ƙwayoyin cuta, ba ya jure wasa. Gumin yatsa ko ɗigon yawu ya isa ya lalata aikin mako. Akwai wani ɗalibi mai surutu, yau babban malami ne a wata jami'a, da ya taɓa tsayawa kan kwalbarta yana ba ta labarin ƙwallo. Ba ta yi masa faɗa ba. Ta miƙa masa kwalbar ta ce, "Riƙe, ɗana. Yanzu ta zama taka, tunda yawunka ya fi nawa aikin yawa a ciki."

Abin da ta ƙarar da ƙuruciyarta a kansa, ko a cikin asibitin ba kowa ya gane shi ba. Wata ƙwayar cuta, wato bairos, take bi, mai sa kaji mura da kakari. Abokan aiki har tsokanarta suke yi, "Anti, yaya majinyatan naki? Sun samu yin ƙwai?" Ita kuwa tambaya ɗaya ce ta hana ta sukuni, kuma ga yadda take warware ta ga sababbin ɗalibai.

Irin wannan bairos, in ji ta, da saƙo guda take shiga jiki, zare ɗaya dogo mai ɗauke da umarni iri-iri a jere. To amma injin da ke karanta saƙo a cikin ƙwayar halittar jiki malalaci ne. Daga kai yake farawa, in ya karanta umarnin farko sai ya ajiye, na can wajen wutsiya ko oho. Don haka bairos ta yi dabara. Tana da nata injin kwafi, wanda ke kamawa daga wutsiya yana tafiya. In ya iso wata alama a jikin zaren, wani lokaci ya wuce, wani lokaci ya yi tsalle ya dira can kai, ya kwafo ɗan guntu ya liƙa. Daga nan ake buga gajerun saƙonni. Kowanne da kai iri ɗaya, amma umarnin da ke biye da kan daban ne, ta yadda kowane umarni zai samu ranar da shi ne a gaba. Alamun kuma ba ƙarfinsu ɗaya ba. Wata tana kama injin sosai, guntayenta su yi yawa. Wata da ƙyar take tsayar da shi. Da haka bairos ke auna abin da take so da yawa, kamar suturar da za ta naɗe 'ya'yanta, da abin da kaɗan ya ishe ta.

Shekaru ta yi tana canza harafi ɗaya a alama, ta jira, ta auna, ta sake. Sau da yawa wuta ta ɗauke aikin ya mutu, ta wanke kwalabe ta koma farko. Ɗalibai sun zo sun koyi riƙe hannu a wajenta, sun tafi sun yi suna. Ita tana nan a ɗakin da tagarsa ke kallon wurin shanya zannuwan asibiti.

Ke ce ba ki taɓa cewa aikinki ya yi ƙanƙanta ba, Anti, ko da ana yi miki dariya. Mai haƙuri, mai dafa dutse.

Sai ga shekarar annobar nan ta numfashi. Aka ware wani dogon ɗaki a bayan asibiti ana killace waɗanda suka kamu, kuma ƙa'idar lokacin ita ce ba a sallamar mutum sai gwaji ya nuna babu cutar. Wata rana da hantsi likitan da ke kula da ɗakin ya shigo wajenta, takunkumi ya yi masa zane a fuska.

"Anti, akwai wani direban bas da ya gagare ni. Ya warke sarai, yana cin abinci kamar me, har tsere yake da ma'aikata a baranda. Amma duk gwajin da aka yi sai ya nuna cutar na nan. Mutumin nan ya fara magana shi kaɗai. Matarsa kullum tana bakin get da yara."

"Wane gwaji kuke yi masa, Likita?"

"Wanda kowa ke yi."

Bairos ɗin annobar 'yar dangin ta kajinta ce, dabararsu ɗaya. Gwajin da kowa ke yi zaren kawai yake nema, ko na mai rai ko tarkacen wadda ta mutu. Gajerun saƙonnin nan kuwa a cikin ƙwayar halitta ake buga su, lokacin da bairos ke kan aiki.

"Zan iya neman guntayen," ta ce. "Amma ka ji da kyau, wannan ba hukunci ba ne. Wani lokaci sukan daɗe kafin su ɓace. In na same su, ba lallai ne yana yaɗa cuta ba. In ban same su ba, sai mu shuka samfurin da aka ɗebo a jikinsa a kwalba mu ga ko wani abu zai tsiro. Ka haɗa da abin da idonka ya gani, ku manya ku yanke."

Ta nema ba ta samu ba. Ta sake da sabon samfur, babu. Aka shuka, ba abin da ya tsiro. Likita ya kai maganar gaban kwamitin asibiti, aka yi ta ja-in-ja, daga ƙarshe aka sallami direba. Masu gadi sun ce da ya fito get bai tsaya gaisawa da kowa ba, ya ɗauki ƙaramar 'yarsa ya ɗora a wuya, ya yi ta tafiya har ya manta da matarsa a baya. Bayansa an sallami wasu ta wannan hanya. Yawancinsu har gobe ba su san akwai wata mata a bayan wurin shanya da ta sa hannu a fitarsu ba.

Ana cikin haka aka kawo yayanta.

Tela ne, kuma shi ya riƙe ta tun rasuwar mahaifinsu. A kan benci na shagonsa ta yi karatun firamare, ƙarar keken ɗinki a kunnenta. Ko da ta yi furfura, bai taɓa kiranta da wani suna ba sai Auta. Ciwon bai kayar da shi sosai ba, zazzaɓi ne da tari, suka wuce. Yana kwance a dogon ɗakin nan babbar 'yarsa ta haihu, jikansa na fari, bakwaini, ɗan mitsitsi. Da aka sallamo mai jego daga asibitin haihuwa, gidan Yaya aka kai ta, inda Inna, mahaifiyar su Anti, ita ma take zaune da ciwon asma.

Ya aika a kira masa ƙanwarsa. Ta zo ta tsaya a waje jikin taga, shi yana ciki bayan raga.

"Auta, na ji ke ce kika fitar da direba."

"Ba ni ba ce, Yaya. Likitoci ne."

"Ke dai bar wannan. Ki yi mini irin nasa. Kin gan ni garau, ko tari babu. Yaron nan an ce ko kuka da ƙyar yake yi. In wani abu ya same shi ban gan shi ba fa?"

Ta ce za ta gwada. Likita ya ɗauko samfur, ta kai ɗakinta, ta yi aikin da hannunta kamar na kowa. Guntayen suka fito, ba kaɗan ba. Ta ce ƙila kuskure ne, ta canza safar hannu, ta buɗe sababbin kwalabe, ta sake. Suka sake fitowa.

Wadda ke aiki kusa da ita a ranar ta ce Anti ta daɗe zaune gaban na'urar, hannu a cinya. Gwajin nata ne, ita ta haɗa shi, ita kaɗai ke karanta shi. Kuma da bakinta ta ce guntayen kan daɗe, samunsu ba tabbas ba ne. Da ta ce sakamakon bai fito sosai ba, ba wanda zai ƙaryata ta, kuma Likita ya riga ya karkata ga sallamarsa. Ta tashi ta je ta gaya wa Likita abin da ta gani, yadda ta gan shi. Sannan ta ce a bar ta ita ta gaya wa Yaya.

"Yaya, ka san in mutum ya leƙa shagonka ya ga yadi a jingine, ba zai iya cewa kana nan ko ka yi tafiya ba. Amma in ya ga ƙyallaye sababbin yanka a ƙasa fa?"

"Tela na kusa," ya ce, yana kallonta.

"To na ga ƙyallaye, Yaya. Da yawa."

"Ƙila na jiya ne ba a share ba."

"Ƙila. Ban isa in rantse ba. Amma a gidan akwai bakwaini, akwai Inna da ƙirjinta. Ba zan sa hannu a kan ƙila ba."

Ta zaci ya haƙura. Can ya ce, "Bare kin fitar, ni da na goya ki kin rufe. Allah Ya ba da lada, Malama." Ya ja labule.

Wannan "Malama" ta fi mari zafi. Ta koma ɗakin gwaji ta ci gaba da samfuran da ke jiranta, don akwai na mutane da yawa a cikin ƙanƙara. Kullum takan kawo masa abinci daga gida ta ba ma'aikata su shigar. Ya ci, ya mayar da kwano, bai ɗaga labule ba.

Ba za a ce daga baya gaskiyarta ta fito fili ba, domin ba ta fito ba. Zazzaɓi bai dawo masa ba. Bayan wani lokaci guntayen suka ɓace, aka sallame shi, ya tarar da jikansa ya fara cika hannu, Inna kuma tana nan da tarinta na kullum. Ko da an sake shi tun farko lafiya za a zauna, ko kuwa da an yi kuka a gidan, Allah kaɗai Ya sani. Ita ma ba ta taɓa cewa ta sani ba. Watanni suka shuɗe, in ta je gaida Inna sai Yaya ya tuna yana da aiki a shago. Mijinta ya so ya shiga tsakani, ta ce ya bari, wanda aka ɓata wa rai yana da haƙƙin ya huce a kan lokacinsa.

Ke ce kika ɗauki fushin wanda ya rene ki, Anti, ba ki sauke shi a kan Likita ba, ba ki fake da na'ura ba. Kika tsaya jikin taga kika faɗa da bakinki.

Wata safiya mai gadi ya kawo mata ƙunshi a leda, ya ce wani dattijo ne ya ajiye ya juya. Farar rigar aiki ce, sabon ɗinki, an rage tsawon hannun don kada ya riƙa shafar kwalabe. Ba takarda, ba saƙo. Ta duba bakin ɗinkin ta gane hannun. Ta sa rigar ta yi aiki da ita ranar, da aka tashi kuma ta wuce shago kai tsaye. Ya ɗago daga kan keke ya dube ta sama da ƙasa.

"Kafaɗar ta yi miki yawa, Auta. Kin rame. Cire in gyara."

A walimar ajiye aikinta, bayan manya sun gama jawabai, aka ce ko wani daga dangi zai ce wani abu. Yaya ya miƙe da jikan nan riƙe da gefen rigarsa, yaro ya yi wayo har yana jan igiyar lasifika.

"Ni dai har yau ban yarda ina da ciwo a lokacin nan ba," ya ce. Ɗaki ya ɗauki dariya. Ya jira aka lafa. "Amma in gobe aka ɗebi wani abu a jikin yaron nan za a auna, ku kai wa wanda ƙanwata ta koyar."

Mun gode, Anti Shiru. Mun gode a madadin direban da bai san fuskarki ba, da ɗaliban da ke riƙe kwalba yadda kika nuna musu, da duk wanda ya karɓi sakamako daga ɗakinki ya kwana da shi hankali kwance. Allah Ya sa hutun ya yi albarka, Ya ƙara lafiya da nisan kwana.

Ku kuma da kuke tsaye yau gaban na'ura, ko sikeli, ko allon aji, wata rana wanda kuke jin nauyinsa fiye da kowa zai zo ya roƙe ku ku ga abin da ba ku gani ba. Ranar, ku faɗa masa abin da kuka gani, kuma ku je da ƙafarku ku faɗa.