Har Raƙumin Aka Gode Wa

Shekarun baya na kamu da son fina-finan katun na Japan, har na zama mai zama bayan an gama fim ina karanta sunaye. A nan na lura da sunan wani marubuci da ke yawan fitowa. Na bincika a waya, ashe mutumin ya daɗe yana rubuta gajerun shirye-shiryen talabijin kafin a ba shi babban fim. Ko layi ɗaya ba ya zanawa, amma sunansa shi kaɗai a allo. Na ce to ni ma haka zan zama, ni da ko Kano ban cika zuwa ba.

Abokina ya iya zane a kwamfuta. Na rubuta mana labarin wani raƙumi da ya tsere daga kasuwar Maigatari yana neman hanyar gida. Wata bakwai ina rubutu ina yagawa.

Ranar da za a haska fim ɗin da muka haɗa a wani ɗakin taro a Gumel, mahaifiyata ta shigo mota tun daga Gagarawa. Ni ne ɗanta na fari, ba ta taɓa kiran sunana ba, kuma ba ta karatun boko. Ashe ta sa ƙanwata ta rubuta mata sunan a takarda, don ta gane shi idan ya fito.

Fim ya ƙare, aka tafa, sunaye suka fara tafiya. An gode wa mai unguwa. An gode wa mai janareta, da Alhajin da ya bari aka zana raƙuminsa. Wallahi har raƙumin aka gode wa! Ni kuwa sunana bai fito ba.

Na ja abokina gefe. Na ce, "Malam, ina sunana?"

Ya yi dariya. "Haba, kai fa ɗan gida ne. Ana yi wa ɗan gida godiya? Kuma labari ai ko kakata tana bayarwa."

Kakarsa! Na ce ya kira ta ta rubuta masa na gaba.

A waje na tarar da mahaifiyata riƙe da takardar. Ta ce, "Ɗan nan, ko idona ne? Na duba har ƙarshe."

Bayan mako guda abokina ya saka sunan, ya ba ni haƙuri, mun shirya. Amma har yau in na tuna sai raina ya ɓaci. Mu nan wanda ya fi kusa shi ake tsallakewa, a ce kara ce. Tun daga ranar ba na miƙa rubutu sai an faɗa mini inda sunana zai zauna.

Na kai wa mahaifiyata gyararren fim ɗin a waya. Ta ɗauko takardarta ta gwada, ta daɗe tana kallo, sannan ta miƙo mini wayar.

Ta ce, "Shi ne. Amma a gaban mutane na so in gani."