Murjanin Gwaggo

Tarihin ɗan Adam, in aka sheƙe shi aka zubar da dusar, tarihin tsaraba ne. Fatake ba don ƙaunar jakuna suka ratsa daji ba, masu jiragen ruwa kuma ba don sha'awar amai suka ƙetare teku ba. Kowannensu ya san akwai wata tsohuwa zaune a kan tabarma a gida, wadda ba za ta tambaye shi abin da ya gani ba, sai abin da ya kawo. Ni tawa tsohuwar ita ce Gwaggo, yayar mahaifina, wadda ta riƙe ni tun ina rarrafe.

Kafin in zo Doha in zama direba, na daɗe ina koyar da labarin ƙasa a wata sakandare a garinmu. Na zana teku a allo ba adadi, alhali ban taɓa ganin ruwan da ya wuce madatsar bayan gari ba. Darasin da na fi ji da shi kuwa na murjani ne. Nakan gyara tsayuwa in shaida wa ɗalibai cewa murjani ba dutse ba ne, wasu ƙananan halittu ne masu rai ke gina shi a ƙarƙashin ruwa. Su rubuta, su ci jarrabawa, amma ba wanda ya yarda. Kowa ya ga murjani a wuyan kakarsa, bai kuma taɓa ganin ya motsa ba.

Na Gwaggo ja wur ne, gado daga mahaifiyarta, yana kwance cikin kumbo a ƙasan adudu. A wani biki zarensa ya tsinke, ƙwayoyin suka watse. An tsinto wasu, wasu suka bi ƙafafun jama'a. Tun daga ranar ba ta sake sa shi ba, don ta ce ba a fita da giɓi a wuya. Da aka sa ranar auren 'yata ta fari, wadda ta gama karatun jinya, sai Gwaggo ta ci alwashin ita da hannunta za ta rataya mata shi, kuma cikakke. Ina gida hutu a lokacin. Ta zazzage kumbon a gabana ta ce, "In ka koma, ka duba mini 'yan ƙwayoyi masu kama da waɗannan."

Tsakar gidan cike take da mata, ni kuwa tsohon malami ne, in na ga taro bakina ba ya jiran izini. Na ce, "Gwaggo, ai a bakin gonarsa nake zaune. Daga cikin teku zan ciro miki, da hannuna."

Wata ta rangaɗa guɗa. Gwaggo ta dube ni ta ce, "To, Allah Ya ba da sa'a."

Ba cika baki na yi gaba ɗaya ba. Kamfanin da nake wa tuƙi aikinsa ke nan: duk inda za a haƙa teku ko a cike shi don gini, masu ninƙaya kan sauka su ɓamɓare murjanin da ke wurin, su kai shi wani waje su dasa. Ni nakan kwashe su da sassafe daga unguwar Bin Mahmud, mu wuce gaɓar Lusail zuwa inda jirgi ke jira, sannan in zauna cikin bas ina karatu har su dawo. Wato ina kusa da murjani kamar yadda mai gadin banki yake kusa da kuɗi.

A cikin ma'aikatan akwai wani mutumin kudancin Kaduna, Kirista, mai gyaran injin da ke cika tukwanen iska na masu nutso. Hausa ta haɗa mu, shayin madarar nan da suke kira karak ya ƙulle zumuncin. Yana ce mini Malam, ina ce masa Injiniya, kowannenmu ya san sarautar ta fi albashin girma. Da na ba shi labarin alƙawarina sai da ya ajiye kofi don dariya.

"Malam, ka iya ruwa?"

"Na karanta shi sosai."

"To madalla. In ka nutse sai ka yi wa kifaye bayani."

Duk da haka shi ya roƙar mini shugabar tawagar, wata baiwar Allah masaniyar halittun ruwa, ta yarda in bi su rana ɗaya. Aka ɗaure ni cikin rigar da ke hana nutsewa, aka manna mini gilashi a fuska. Da muka isa wurin, Injiniya ya nuna mini tsanin gefen jirgi ya ce, "Yalla, Malam, aji ya cika." Na sauka a hankali, hannu biyu a tsani, na karanta abin da ya sawwaƙa, na tsoma fuska.

Abu na farko da na lura da shi, babu ja. Ko ɗigo. Abin da ke ƙasa ruwan ƙasa ne, launin ƙuli-ƙuli. Wani dunƙule da zane-zane kamar ƙwaƙwalwar saniya a faifan mahauci, wani da 'yan yatsu kamar ɗanyar citta. Jan da ake yi wa mata dutsen wuya da shi na wasu tekuna ne masu zurfi, can nesa. Wannan ma yana cikin littafin da na koyar, a shafukan da ba ma kaiwa kafin hutu.

Amma da idona ya saba, sai na manta da ja. Gari ne na gani ranar kasuwa. Ƙananan kifaye na shiga lungu suna fita, wasu na kiwo a jikin ginin, wasu na korar maƙwabta daga ƙofar gida. A bakin wani rami ga hamur, kifin nan mai faɗin baki da Larabawa ke ji da shi, ya hakimce kamar mai unguwa a zaure. Sai na gane abin da na yi shekaru ina nema in kwatanta wa ɗalibai ban samu ba. Suri ne. Gara ce ta ruwa, kowace ta ɗora 'yar ƙasarta ta mutu, 'ya'yanta su ɗora a kai, har a wayi gari ginin ya zama mafakar waɗanda ba su san wanda ya yi shi ba. A nan kifi ke saka ƙwai, a nan ƙanana ke ɓuya har su isa shiga komar masunta. Masunci na ci daga nan, mai sayarwa a kasuwar kifi na ci, mai soyawa a otal na ci, har da direban bas da ke rataye a tsani. Igiyar ruwa ma a kansa take fara karya ƙarfinta kafin ta isa gaɓar da aka jera dogayen benaye.

Can gefe kuma akwai wata unguwa fara fat, kamar ƙashin da ya kwana biyu a juji. Ba kifi ko ɗaya. Daga baya shugabar ta ce mini zafin bazara ne, in ruwa ya ɗumama fiye da kima sai murjanin ya koɗe, in abin ya daɗe ya mutu. Na san kango in na gan shi, ko a ƙarƙashin ruwa.

Da na hau jirgi, an jera robobi cike da ruwan teku, a ciki ga murjanin da aka ɓamɓaro ana shirin kai shi sabon mazauni. Wani ɗan guntu kamar babban yatsa ya ɓalle ya faɗi gefe. Injiniya ya tsamo shi ya ɗora mini a tafi, ya rage murya.

"Ga tsarabarka. Ka shanya shi, ka goge, ka shafa masa jan farce. Idon tsohuwa ai ya yi rauni, ba za ta gane ba."

"Injiniya, haka ake koya muku a coci?"

"A'a, a coci cewa aka yi a girmama iyaye. Ni taimakonka nake yi."

Zolaya yake yi, amma guntun na hannuna da gaske ne, kuma ba mai kallonmu. Yana da santsi, yana ƙarni, ga wasu 'yan ramuka a jikinsa waɗanda na san kowanne da mai shi a ciki. An ce abin da irinsa ke ƙarawa a shekara bai wuce faɗin farce ba. Ke nan mai yiwuwa ya girmi autana. Na tuna guɗar da aka yi mini a tsakar gida, na tuna wuyan 'yata. Na kuma tuna ranar da Gwaggo ta tsinka mini mari a gona don na sa ƙafa na rushe suri, ta ce wanda bai iya ginawa ba, ba shi da hurumin rushewa. Doka ma ta hana, kafili, uban gidan da izinin zamana ke hannunsa, kuma ba ya wasa, amma ba su na ji tsoro ba. Marin na tuna.

Na mayar da shi cikin roba. Injiniya ya ce, "Kalas, shi ke nan, an yi asarar jan farce." Da rana na ga wani mai nutso ya sauka da shi tare da 'yan'uwansa da ɗan kwaɓin siminti.

Saura in fuskanci Gwaggo. Na shirya bayanina tsaf, da gabatarwa da misalai, kamar mai jiran sufeto. Ranar Juma'a bayan la'asar na kira wayar 'yata, ta miƙa mata. Na faro daga suri, na bi ta kan hamur da masunta, na sauka a farin kango. Na ce mata na riƙe murjani a hannuna na mayar, kuma tarbiyyarta ce ta sa. Ban taɓa ba da darasi mai kyau irin wannan ba, har wani abokin ɗakina ya rage ƙarar rediyo. Na rufe da neman gafara kan alƙawarin da ban cika ba.

Ta ce, "Ka gama?"

"Na gama, Gwaggo."

"Wa ya aike ka cikin ruwa, kai da ko kududdufi ba ka tsallakewa? Ni kanti na ce ka duba. Ka taɓa jin inda aka tsamo kwalba a teku?"

"Kwalba kuma?"

"Kwalba mana. Tun a wuyan uwata kwalba ne. Mu ina muka ga murjani?"

"To me ya sa ba ki faɗa ba ranar nan?"

"A gaban mutane? An riga an yi maka guɗa. Kai dai ka taho da turare. Da na ji shiru na aiki maƙwabciya ranar kasuwa, tuni aka zura su."

Ranar biki 'yata ta fito da shi a wuya, ja wur, ba giɓi. Mata suka yi ta taɓawa suna cewa murjanin Doha daban ne. A wajen ɗan kolin bakin tasha aka sayo cikonsa.